Yadda Ba-Matsala Ya Goge Gonar Surukarsa

"Ni fa duk abin da aka yi wa maɓalli a duniyar nan, yarona ne."

Wannan ita ce gaisuwar Ba-Matsala, abokina, ita ce kuma ban kwanansa. Mai kula da sito ne a wani shagon fenti, aikinsa jera gwangwanaye da korar ɓeraye, amma in ka ji yana zuba sai ka rantse shi ya koya wa lantarki tafiya a cikin waya. Sunan ma bakinsa ne ya jawo masa. Fankarka ta tsaya, ba matsala. Rediyonka ya shaƙe, ba matsala. Kana miƙa masa zai kwance, ya ɗaure, ya dawo maka da kayanka da ragowar 'yan ƙarafa a tafin hannu, ya ce kamfani ne ya yi almubazzaranci da su.

Yana da ƙa'ida guda da ba ya karyawa: ba ya karanta abin da na'ura ta rubuta. Karatu, in ji shi, na 'yan koyo ne. Babu kuma abin da ke ƙona masa rai kamar na'ura ta tsaya tana tambayarsa ko ya tabbata. Shi za a tambaya? Abin da aka ƙera jiya-jiya? Kafin ta rufe baki ya danna mata eh, har da tsaki.

To, a gidan wannan gwani surukarsa take zaune. Umma tsohuwar ma'aikaciyar jinya ce, ta dawo wurin 'yarta bayan rasuwar mijinta da aikin da aka yi mata a gwiwa. Da farko wuni take a ɗaki tana kallon bango, abinci ma sai an yi da gaske. Sai ɗanta da ke nesa ya aiko mata da 'yar na'urar gem ta hannu, mai wasan noma a ciki. Ta ce ita ba yarinya ba ce, a kai wa jikoki. Bayan sati guda, jikan da ya kuskura ya taɓa sai ya ji a kunnensa.

Kai, ka ga gona! Shekara da shekaru tana gina ta. Shanu reras, kowace da sunan wata abokiyar aikinta ta asibiti, kuma mai tunkuyin cikinsu ta ci sunan shugabarsu ta da. Ga kaji, ga rijiya, ga kabewa jibga-jibga. A bakin rafi akwai bishiyar lemo da ta dasa a makonta na farko, ta ajiye benci a ƙarƙashi, domin marigayi mutum ne mai son zaman inuwa. Kullum da safe sai ta kai 'yar manomiyarta ta zauna a bencin nan na ɗan lokaci kafin a fara aiki. Duk gidan an san wannan, ba mai yi mata magana a lokacin.

Ba-Matsala dai yana gefe yana taɓe baki. Ya gaya wa matarsa cewa wasan yara ne, shi in ya zauna sati ɗaya ya ishe shi ya ninka gonar Umma. Matar ta ce ya fara gyara famfon kicin tukuna.

Abin da ba wanda ya sani shi ne, gogan naka ya daɗe da buɗe tasa gonar a ɓoye. Na'urar tana da gurbin ajiya biyu, na Umma a sama, na ƙasa babu kowa. Duk ranar hutu in Umma ta kwanta barcin rana, sai ya lallaɓa ya zare abin daga caja, ya shige bayan labule. Ya raɗa wa gonar suna mai nauyi, ya kafa allo a ƙofarta. Amma fa abin tausayi! Ya shuka, ya manta ban ruwa. Ya yi ban ruwa, ashe duwatsu yake shayarwa. Kaji ya bar musu ƙofa a buɗe, suka yi nasu wuri, saura guda ɗaya tal, wata figaggiya da ta rantse ba za ta yi masa ƙwai ba. Wata da watanni yana fama, abin da ya fi albarka a gonar nan ciyawa ce.

Asirinsa ya daɗe a rufe ne saboda tabarau ɗin Umma ya tsufa, ƙananan rubutu ba ta ganinsu, na sama kawai take dannawa ta shige. Sai ranar wata Asabar, ana karin safe, ta ce ita fa tana ganin kamar wani abu ya tsiro a ƙarƙashin gonarta, amma ba komai, yau 'yarta za ta karɓo mata sabon tabarau, da yamma za ta duba ta ga ko mene ne.

Shayi ya sarƙe Ba-Matsala. Ya yi tari, ya ce zafi ne.

Matar na fita, Umma na shiga ɗaki, ya yi wuf ya ɗauko na'urar. Dabara mai sauƙi ce: ya goge tasa gonar, shaida ta ɓace. Ya lalubo wurin goge ajiya, gurabe biyu suka bayyana, alama tana kan na sama. Saura ya sauko ƙasa sau ɗaya. Yana ɗaga yatsa sai ya ji ƙwas, ƙwas, sandar Umma tana tahowa. Ta manta maganinta a falo.

Nan take ya mayar da hannuwa baya, ya ƙame kamar ɗalibi a gaban hedimasta. Umma ta tsaya tana ba shi labarin gwiwarta, shi kuwa yana "Allah ya sawwaƙe, Umma," yana laluben maɓalli a bayansa. Ya ce a ransa ƙwararre ba ya bukatar ido. Ya danna ƙasa. Abin da bai lura ba, garin ɓoyewa ya juya na'urar kai a ƙasa, ƙasansa ya zama sama, alama ba ta motsa daga kan gonar Umma ba. Na'ura ta yi ɗan kuka tana tambaya. Ya danna. Baiwar Allah ta sake tambaya, domin ita ma ta san abin da ke cikin gurbin nan. Ya ƙara dannawa, har da ɗan murmushi.

Umma ta koma ɗaki. Ya fito da na'ura yana fito da baki, ya juyo ta daidai. Gurbin sama wayam. A ƙasa kuwa ga gonarsa daram, figaggiyar kazar tana kallonsa.

Abokina, gumin da ya keto wa mutumin nan ya isa wanki. Amma bakin bai mutu ba, ya ce wa kansa ba matsala. Ya kashe, ya kunna. Ya zare katin wasan, ya hura masa iska, ya mayar. Ya girgiza ta a kusa da kunne, ko zai ji motsin shanu. Ya sa ta a firji ta huce, wai ko zafi ne ya sa ta mantuwa. Ta fito da sanyinta, gona ba ta dawo ba. Ya shiga banɗaki ya kira wani abokin aikinsa, ya ce wai wani sakarai ne a unguwarsu ya goge ajiyar gem, yaya ake dawo da ita? Abokin ya ce in ba a taɓa kwafe ta a wani wuri ba, ta tafi kenan, sannan ya tambaya ko sakaran yana kusa, don yana jin numfashinsa.

Sai dabara ta biyu ta zo masa. Tunda Umma ba ta gani sosai, zai mayar da tasa gonar ta yi kama da tata kafin ta farka. Aikin shekaru, shi zai yi shi kafin la'asar. Ya sayar da kazar don ya sayi saniya, aka ce abin da ya samu ko igiyar saniya ba zai saya ba. Yanzu ba kaza, ba saniya. Ya hau sare ciyawa da gudu, ya haɗa da ɗan tsiron da ya rage masa. Ya tura ɗan manominsa haƙa, da sara, da ɗiban ruwa, babu ci babu hutu, har bawan Allah ya yanke jiki ya faɗi a tsakiyar fili. Daidai nan Umma ta fito tana miƙo hannu a ba ta kayanta.

Ya miƙa da hannu biyu. Ta kai abin kusa da hanci, ta nisanta shi, ta sake matso da shi.

"Ina shanuna?"

Ba-Matsala ya gyara murya, ya sa fuskar ta'aziyya. Ya ce ai abin da yake ta jimami kenan tun ɗazu. Fari aka yi. Kamfanin ne ya turo fari a cikin wasan, duk duniya, don a gwada haƙurin manoma. Shanu sun yi ƙaura, rijiya ta ƙafe, shi ma a labarai ya ji.

"Wannan da ke kwance fa? Tawa mace ce."

Ya ce wahala ce ta sauya mata kama.

 Umma ta jawo wayarta ta kira ƙawarta Metiron, wadda ita ma ɗanta ya saya mata irin wasan, ta sa a lasifika don kunnenta. Ta yi mata jajen fari. Metiron ta ce wane fari? Ita yanzu haka ruwa ake tafkawa a gonarta, kabewa har ta rasa inda za ta zuba.

Ba-Matsala ya ce farin yanki-yanki ne.

Ana cikin haka matarsa ta yi sallama, ta zaro sabon tabarau daga jaka. Da ƙasa za ta tsage a lokacin, da ya shige har da takalmi. Umma ta goge gilashin da gefen mayafi, ta ɗora a hanci, ta kai ɗan manomin da ya farfaɗo har bakin ƙofar gona, inda allon nan yake tsaye. Ta karanta a hankali, irin karatun sakamakon gwajin jini:

"Gonar Ba-Matsala, Gwanin Gwanaye."

 Gogan ya yi wuƙi-wuƙi da ido, ya ce wataƙila kamfanin ne suka san shi. Matarsa ta zauna a hannun kujera, ta toshe baki da jaka, kafaɗunta suna rawa.

Umma dai ba ta yi dariya ba. Ta zagaya da ɗan manomin har bakin rafi, inda bishiyar lemo da benci suke a tata gonar. Babu komai sai duwatsu, jiƙaƙƙu sharkaf, an sha ban ruwa. Ta daɗe tana kallon wurin. Dariyar 'yarta ta ɗauke. Shi kansa Ba-Matsala sai da ya sunkuyar da kai, domin duk cika bakinsa yana ƙaunar tsohuwar nan, kuma ya san wanda yake zama a bencin.

Ta cire tabarau ta dube shi.

"Na taɓa shiga wurin goge ajiyar nan bisa kuskure. Sai da na'urar ta tambaye ni ko na tabbata. Kai ba ta tambaye ka ba?"

"Ta tambaya, Umma."

"Sau nawa?"

"Sau biyu."

"Ashe ita ta fi ka kunyata."

Ta tashi da sandarta ta shige ɗaki. Ranar ko abincin dare bai iya ci ba, ya bi ta har ƙofa ya durƙusa ya ba da haƙuri, karo na farko a tarihinsa da ya buɗe baki bai ce ba matsala ba. Ta ce ta yafe, amma na'urar daga ranar a ƙarƙashin matashinta take kwana.

Gidan ya ga abin mamaki a makonnin da suka biyo. Ba-Matsala ya yi laushi. Rimot ya faɗi a gabansa, sai ya kira yara su ɗauka. Umma kuwa ta buɗe sabuwar gona, ta fara daga kaza ɗaya, kuma abin da ta fara dasawa lemo ne a bakin rafi.

Wata safiya ta kira shi ya zo ya gani, amma ta ce ya sa hannuwansa a aljihu. Ya leƙa ta kafaɗarta. Gona ta fara kyau, ga 'yar maraƙa, ga tsiron lemo da sabon benci. A tsakiyar kabewa kuma ga mutum-mutumin korar tsuntsaye, an sa masa shuɗiyar riga irin tasa ta aiki, an rubuta sunansa a ƙasa ɓaro-ɓaro.

Nan da nan tsohon ciwon ya motsa. Ƙirji ya buɗe, murya ta dawo. Ya waiwaya ya kira matarsa ta zo ta shaida, ya ce ai ya faɗa, gona ba ta tsayuwa sai da ƙwararre, ga shi Umma da kanta ta naɗa shi shugaban tsaro.

Umma ta gyara tabarau.

"Tsaron me? Ba ka ga tsuntsaye uku a kansa ba, ɗaya har ta yi masa kashi?"

Ya ce to me ya sa ta ba shi sunansa?

"Don ya fi ka amfani. Kafin in kafa shi sai da na duba da sabon tabarau, na duba har sau biyu. Ba shi da yatsu."