Rasuwar Jagora Mai Jan Bango, Littafin Malam Fannami

Da zuciyar da baƙin ciki ya cika ta har baki, Malam Fannami Ibram, mai lambun dabino a kwarin gabas da Gure, yana sanar da 'yan uwa, maƙwabta, malaman lakwal, wato makarantar boko, da duk wanda ya taɓa zama a kan tabarmarsa, rasuwar amininsa kuma abokin hirarsa, littafin nan da unguwa ta sani da Jagora Mai Jan Bango. An tabbatar da rasuwar ranar Talata da hantsi, a rufin bukkar lambu, bayan doguwar jinyar da ba wanda ya san ana yin ta.

Marigayin baƙo ne. An haife shi a wata ƙasa mai sanyi, Faransanci kawai yake ji, kuma ya iso Gure shekara ashirin da suka wuce cikin kwalin wani sufeton makarantu, Mushe Idrissa (Mushe, Malam ke nan a bakin masu Faransanci), wanda Malam Fannami ke kai wa dabino. Ranar da aka yi wa sufeton canjin wurin aiki ya miƙo shi ya ce, "Malam, kai ne mai son abin mamaki, riƙe wannan. Yana koya wa sabon ɗalibi zaman jami'a ne." Malam Fannami bai taɓa ganin ƙofar jami'a ba. Shekara huɗu ya yi a lakwal kafin mahaifinsa ya mayar da shi kiwon raƙuma. Amma ya karɓa da hannu biyu, ya ɗora yatsa a layin farko, cikin damina uku ya kai bango.

Duk wanda ya san marigayin zai shaide shi da haƙuri. Sau goma za a maimaita masa layi ɗaya, ba zai yi tsaki ba. Bai taɓa ɗaga murya ba. In an buɗe shi yakan ce ƙiii a hankali, kamar tsoho zai miƙe daga zaune, in ana juya shi kuma sai fal, fal, shi ke nan maganarsa. Ya san abubuwan da ba wanda ya sani a Gure: yadda ake gaida babban malami, yadda ake zama ɗaki ɗaya da mai minshari, da yadda mutum zai yi in ya ɓata a jirgin da ke tafiya a ƙarƙashin gari. Wannan jirgi ya hana Malam Fannami sukuni wata guda. Yakan tsaya bakin rijiyar lambu yana leƙawa, yana tunanin mutanen da ke wucewa can ƙasa da jakunkunansu.

Rabin marigayin na biyu kuwa na manya ne, masu auna tsarin karatu su ga ko ya yi amfani. A nan ne akwai shafin awo mai 'yan akwatuna huɗu: na gamsu ƙwarai, na gamsu, da sauƙi-sauƙi, ban gamsu ba. Malam Fannami ba shi da tsarin karatun da zai auna, sai ya kwafe akwatunan a kaye, littafin rubutun 'yan makaranta, ya shiga auna abin da ke gabansa. Ya auna rijiya, ya auna askin wanzami, ya auna damina bakwai a jere, ya auna jakin maƙwabci. A shekara ashirin bai taɓa ba kowa akwatin farko ba. Tuwon uwargidansa Delu ma akwati na uku ya samu.

"Shekara arba'in kana lashe kwano har da yatsa," in ji Delu, "sannan ka ce mini da sauƙi-sauƙi?"

"Ba ni ba ne, Delu. Ƙa'idar awo ce."

"To ƙa'idar ta dafa maka na gobe."

Aikin marigayin na gaskiya ya fara ne da Tahiru, ɗan Rabi mai fura, wanda ya ci bak, jarabawar gama sakandare, aka ba shi wuri a jami'a a Yamai. Kwana uku yana zuwa tabarma, Malam Fannami na karantawa yana fassara masa. Bisa shawarar babi na biyu aka saya masa rigar sanyi mai gashi a wuya, wadda ya sauka da ita a tashar Yamai cikin ranar da ke dafa ƙwai, har wani ɗan dako ya tambaye shi ko asibiti za a kai shi. Kafin tafiyar, uwarsa ta zo ta durƙusa ta ce, "Malam, don Allah a yago masa takarda ɗaya ya sa a jaka. Albarka nake nema." Malam Fannami ya kama takarda ɗaya, ya kawar da kai, marigayin ya ce ƙyat. Wannan ce ƙararsa ta uku, kuma ita ce ta fi yawa a sauran rayuwarsa.

Domin Tahiru ya ci shekarar farko, ya ci ta biyu, labari ya zaga. Daga nan duk ɗan da ya ci bak, a Gure ko Gidigir ko Gamu, sai an kawo shi tabarma, kuma uwarsa ba ta tashi sai ta ji ƙyat. Ba a zaɓe, wadda hannu ya kama ita ce rabonka. Wata ta tafi da takardar jirgin ƙarƙashin gari. Fadilu ɗan Hamza maƙeri farar takarda ya samu, ba ko harafi a jikinta, kuma shi ya fi kowa sakamako, abin da Malam Fannami bai gama tunaninsa ba har yau. Haka marigayin ya yi ta ramewa kowace kaka, bangonsa na yi masa yawa kamar rigar aro, bai taɓa ƙorafi ba.

A nan ne mai wannan sanarwa zai faɗi laifinsa, don mamaci ba ya iya kare kansa. Akwai babi na bakwai, mai magana a kan makonnin farko, lokacin da kewar gida ke shaƙe sabon ɗalibi har abinci ya ƙi wucewa. Sau ɗaya Malam Fannami ya karanta shi, ya ga ya fi sauran kyau, sai rowa ta kama shi. Yana da jika, Fa'iza, wadda a lokacin ta shiga ajin farko na kwaleji, kuma a duk zuriyarsa ita ce ya ga za ta kai. Ya ce a ransa, 'ya'yan mutane sun cinye sauran, wannan na jinina ne. Ya naɗe babin tare da bangon a tsohon rawani, ya cusa tsakanin azara da zana a rufin bukkar lambu, inda hannun uwaye ba ya kaiwa. Sauran takardun ya ci gaba da rabawa daga aljihu har suka ƙare.

Shekara bakwai marigayin na can sama. Da rana tsaka, in Malam Fannami ya kishingiɗa a bukka, yakan ji wata 'yar ƙara daga rufi, ƙis, ƙis, ƙis. Ya koma gida ya ce wa Delu littafin yana bita ne shi kaɗai, yana shirin zuwan Fa'iza. Delu ta ce ya hau ya duba. Ya ce ba a katse mai karatu.

Bana Fa'iza ta ci bak. An ba ta wuri a jami'a a Damagaram, motarta ranar Asabar. Ranar Talata Malam Fannami ya sa farar riga, ya kira ta lambu, ya shimfiɗa tabarma, ya taka turmi ya miƙa hannu cikin rufi. Rawanin ya sauko da nauyi, har ya yi murna. Da ya warware, jar ƙasa ce ta zubo masa a cinya. Gara ce ta yi shekara bakwai tana bita. Ta karanta babi na bakwai daga farko har ƙarshe, ba ta tsallake layi ba. Bango kawai ta bari, shi ma don yana da leda a jiki.

Fa'iza ta yi dariya har ta riƙe ciki. "Kaka, ashe garar lambunka ta riga ni shiga jami'a! Tashi mu tafi, tsoho. Komai yana cikin waya yanzu."

Ya kasa tashi. Ita ma ba ta tafi ba. Ta zauna tana wasa da ƙasar da yatsa, can ta ce, ba tare da ta dube shi ba, "Amma me babin ya ce?"

Malam Fannami ya shiga lalube a ƙwaƙwalwarsa. Ya tuna babin na da kyau, ya tuna akwai hoton taga, shi ke nan. Yara fiye da sittin ya sallama da magana da takarda, tasa jikar kuma ga ta zaune gabansa da tafin ƙasa. Da suka koma gida Delu ta ja shi gefe ta ce, "Kar dariyarta ta ruɗe ka. Sau uku tana kwance jakar nan tana sake ɗaurewa. Yarinyar ba ta taɓa kwana wajen Gure ba."

Marigayin ya rasu ya bar bango ɗaya, kaye goma sha ɗaya na awo, mai shi, da Delu wadda ta ce ta yafe masa duniya da lahira ban da maganar tuwo. Ya kuma bar marayun takardu da ke warwatse a jakunkuna da akwatuna daga Diffa har Yamai, don abin lura shi ne duk wadda aka yaga aka bayar tana nan da ranta. Cikin masu riƙon marayun akwai Mushe Tahiru, wanda yanzu yake koyarwa a lise, babbar sakandare, kuma har gobe rigar mai gashi na rataye a ɗakinsa. Akwai Fadilu mai farar takarda. Akwai Jannat Husseini, ma'aikaciyar jinya a Damagaram, wadda ta fara bugo wayar ta'aziyya.

"Baba Malam, ya haƙuri? Allah ya ba da dangana. Tawa tana nan, ta jirgin ƙarƙashin gari ce. Gaskiya ban taɓa karanta ta ba, amma makon farko da ita na riƙa share hawaye."

"To me ya tsayar da kukan, 'yar nan?"

"Wata 'yar Gidigir ce a ɗakinmu ta dama mini fura, ta ce in sha ko ta ɗura mini. Wace mota Fa'iza za ta hau? Ni zan tare ta a tasha."

Malam Fannami ya ajiye wayar ya dubi jan bangon littafin. Bai san ko abin da babi na bakwai ya ce ke nan ba, amma bai ga abin da zai hana ba.

Game da jana'iza, an tuntuɓi liman, ya ce takarda ba a yi mata salla, ya kuma roƙi Malam Fannami ya bar tambayarsa irin waɗannan abubuwa a gaban mutane. Saboda haka an tsara kamar haka. Za a taru ranar Juma'a bayan la'asar a ƙofar gidan mai rasuwa, ƙarƙashin bishiyar bedi. Ba a buƙatar goro ko hatsi. Duk wanda ke riƙe da takardar marigayin ya zo da ita, ko ya ba direban mota, ko ya aiko da hotonta ta wayar Fa'iza. Wanda tasa ta ɓata ya yago daga kaye, ba za a tona masa asiri ba. Sharaɗi ɗaya ne: kowa ya rubuta a bayanta, ko a gefe in ba wuri, abin da ya same shi a makonninsa na farko da abin da ya fitar da shi, da lambar wayarsa. Fadilu ba shi da uzuri, tasa fara ce ciki da baya. Mushe Tahiru kuma an roƙe shi ya bar rigar a gida.

Delu ce za ta ɗinke takardun cikin jan bangon da allurar buhu. Ƙasar da gara ta bari za a zuba ta a gindin dabinon da ya fi tsufa a lambu. Ita garar ba a gayyace ta ba, ta riga ta ci rabonta.

Za a ɗauki gawar ranar Asabar da safe daga gida zuwa tasha, a cikin jakar Fa'iza, tsakanin atamfa da ƙullin dabino. Ba za a binne ta ba, Damagaram za ta.

Takarda ɗaya ce ba sai an jira ta ba, wato shafin awo na asali, wanda Malam Fannami ya ɓoye a cikin hularsa tun kafin takardun su ƙare. Shi za a ɗinka a ƙarshe. Ya riga ya cika shi: ya rubuta sunan Fa'iza a sama, ya sa alama a akwatin farko. Delu ta ce za ta zauna a sahun gaba, ta ga da idonta abin da ya fi tuwonta.