Sai Damana

Farkon samun Jihar Kebbi ina koyar da labarin ƙasa a Jega, kuma a ganina babu tudu ko kwarin da ya isa ya ɓoye mini wani abu. Na taɓa ganin ruwa yana zubowa daga kan wani dutse a bayan Maiyama, sau ɗaya, cikin Agusta. A watan Maris na haɗa malamai shida zan kai su kallo, har da zana taswira a allo.

Hedimasta ya baro cirar albasarsa a Aliero saboda maganata. Awa biyu muna tafiya a ƙasa, ina gaba da sanda, ina gargaɗinsu cewa ƙarar ruwan tana hana jin magana.

Muka iske dutsen lafiya lau. Akuya na kwance daidai inda ruwan ke sauka.

Wani makiyayi ya dube mu da tausayi. "Ruwa kuka biɗa, Malam? Ai sai damana."

Hedimasta ya tuɓe hula yana fifita. "Ɗaga murya, Malam, ƙarar ruwa ta hana min ji."

Har na bar makarantar, in na nemi ruwan alwala sai a miƙo mini buta wayam, cikin ladabi, a ce, "Sai damana."