Manyan Bakin Injiniya Yahuza

In ana maganar ilimin zamani daga Hunkuyi har Makarfi, a ajiye kowa a ɗauko Injiniya Yahuza. Shi ya naɗa kansa injiniya, ranar da ya ƙara wa liman ƙarar waya. Tun daga nan ba ya fita sai da laftof a hammata, ko da gaisuwar mutuwa za shi. 'Yan kasuwar hatsi suna kiransa Danna-Mu-Gani, shi kuwa ya ɗauka kirari ne.

Bana ya ga kujerar kansila ta dace da shi. Saura dattawan jam'iyya su zo walimarsa su sa albarka, don in ba su zo ba takara ta mutu tun a ƙwai. Katin gayyata da hannunsa ya tsara, da wani salon rubutu mai lanƙwashe-lanƙwashe da ya sauke daga intanet, wanda ya ce ko a gidan gwamnati babu irinsa.

Ashe a shagon Salman mai buga kati a Makarfi ma babu. Da aka sa filashin da ya ɗauko katin a ciki, kwamfutar ta fito da gargaɗi da Turanci cewa ba ta da wannan salo, za ta sa wani. Injiniya ya gyaɗa kai, ya ce gaishe shi take yi, ya danna. Nan take duk inda ƙ ko ɗ ko ɓ take, sai ga ɗan akwati a madadinta.

Salman ya fara cewa a sake salo, Injiniya ya ɗaga masa hannu.

"Salman, tawada ka sani, ba ishara ba. Waɗannan akwatunan zaɓe ne. Na'ura ta hango."

Ya ƙirga su, ya ga sun fi rumfunan mazaɓarsa yawa, ya ce har maƙwabta za su zaɓe shi. Sai da ya matso da fuska ya lura babu komai a cikinsu. Nan fa ya gane aikin maƙiya ne. Ya tofa wa allon kwamfutar addu'a, ya goge filashin da bakin riga, ya sa aka juya kwamfutar ta kalli gabas. Akwatuna suna nan daram.

Daga ƙarshe ya gano mai laifi, wato ƙugiyar da ke kan haruffan.

"Ƙugiya ƙauyanci ce. Turawa sun je duniyar wata, ka ga sun tafi da ƙugiya?"

Ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana yi musu aski. Akwatuna suka ɓace. Ya ba kansa hannu, aka buga.

Kati ya isa ga dattawa: Injiniya Yahuza, mai kishin kasa, yana gayyatar manyan baki. Alhaji Tukur, uban jam'iyya, ya karanta, ya shafa leɓensa, ya ce shi dai bakinsa daidai yake, kuma bai saba cin abinci da masu kishin maciji ba. Ya ƙi zuwa, sauran dattawa suka bi sahu.

Walima kuwa ta cika maƙil. Maroƙa, dillalai da 'yan tsegumin bakin tasha duk sun hallara, kowa riƙe da katinsa, don da sunansu aka kira su. Suka share shinkafar tas, suka kai labarin har Ikara.

Ranar fid da gwani aka buɗe akwatin Injiniya, aka same shi sak na kan allo. Ya leƙa, ya gyara laftof a hammata, ya dubi jama'a.

"Ban gaya muku ta hango ba?"