Ɗariƙar da Na Ƙaga wa Kakana

Ba zan taɓa mantawa ba da yammacin da dattijo ɗan shekara tamanin ya sauka daga buzunsa ya zauna a ƙasa a gabana.

Ni malamin fiziks ne a wata sakandare a Dutse. Shekarun baya na faɗa karatun kwantom, wato ilimin ƙwayoyin da suka fi zarra ƙanƙanta (a waya na yi yawancin karatun, in za a bi gaskiya). Abu biyu suka kama ni. Ƙwaya ba ta tsayawa a hali ɗaya sai an auna ta. Sannan akwai ƙwayoyi biyu da in sun haɗu, ko an raba su nisan Dutse da Makka, halin ɗaya yana gaya maka halin ɗayar. Ni kuwa jikan malamai ne, na tashi ina jin zancen halwa da zikiri da zuciyar ɗalibi mai ɗaure da ta shehinsa. Sai na dama su wuri ɗaya kamar fura da nono, na fitar da falsafa, na raɗa mata suna Zarriyya. Har ƙa'ida na yi mata: mabiyi ya zauna shiru bayan asuba, kada ya leƙa zuciyarsa, domin leƙawa ke tsayar da hali.

Na fara gwada ta a ofishin malamai. Malam Nura mai koyar da tarihi ya ce, "Wa ya faɗa?" Na ce ni. Ya ce, "To, miƙo min sukari."

Wannan sukarin ne ya jefa ni a rami. Mako na zagayowa na ce ai ba tawa ba ce, ta kakana ce, marigayi Malam Babba na Miga, yakan koyar da ita a asirce ga waɗanda ya ga sun isa. Nan take kowa ya gyara zama. Daɗin hakan ya kwashe ni, na rubuta ta a zauren wasaf na danginmu.

Duk shekara bayan girbi akan taru a ƙofar makarantar kakan namu a yi masa addu'a. A wannan shekarar, bayan la'asar, Baffa ya ce in tashi in yi wa jama'a bayanin abin da na rubuta. Na tashi da sabuwar shaddata, na zuba. Manoma suna gyaɗa kai (yanzu na san ladabi ne).

A sahun gaba akwai Alaramma Idi. Shekara talatin ya yi a gaban kakana, shi ya yi masa wanka ranar da ya rasu. Da na gama sai ya yi tambayar da ake yi wa duk wanda ya zo da ilimi a gidanmu.

"Jikan Malam, daga bakin wa ka karɓa?"

Ina ɗan shekara shida Malam Babba ya rasu, kowa ya sani. Na ce a wasu takardu na gani, a cikin gafakarsa.

Na zaci zai ƙaryata ni, har na shirya amsa. Bai ƙaryata ba. Sai ya dafa sandarsa, ya ja jiki daga buzun, ya durƙusa a kan rairayi, yadda ɗalibi ke yi.

"Shekara talatin ina ɗaukar masa buta," ya ce. "Ashe akwai abin da ya ga ban isa ba. Yanzu kai ne malamina: Allah ya gafarta Malam, fara min daga farko. Kada in je in same shi can da wannan giɓin."

Hawaye ya gangaro cikin furfurar gemunsa. Wurin ya yi tsit, har ana jin akuya tana tauna kara a bayan danga. Abin da na ƙaga don in burge masu shan shayi ya tafi da shekara talatin na wani bawan Allah.

Na zube a ƙasa. Na ce, "Baba Alaramma, ƙarya na yi. Babu takarda. Malam bai taɓa faɗar haka ba, ni na haɗa."

Ya daɗe yana kallona. "Bai ɓoye min komai ba?"

"Ko harafi ɗaya."

"Alhamdu lillahi," ya ce, ya share ido da bakin rawaninsa. "Zancen ƙwayoyi biyun nan fa, shi ma kai ka haɗa?"

Na ce a'a, wannan masana sun auna shi.

"To ka riƙa faɗarsa da sunan masu shi. Mamaci ba shi da bakin cewa ban faɗa ba."

Baffa kuwa faranti kawai ya miƙo min, na zagaya ina raba waina, kaina a sunkuye, shaddar tana shan mai.

Har yanzu ina koyar da fiziks. Zarriyya kuwa ta rasu a ranar, ta bar mabiyi ɗaya, shi ma ya tuba. Yanzu in tunani ya zo min, da sunana nake faɗarsa, a ce in miƙo sukari, in miƙa.