Gaisuwar Suruki a Cikin Tafki

Ba zan taɓa mantawa da daminar da na je Ajingi bikin 'yar gwaggona ba, ko da ma na so in manta, mutanen garin sun ɗauki nauyin tuna mini. A lokacin na gama makarantar 'yan mata ta Kano ke nan, kuma duk unguwarmu a Gaya ba macen da ta yi nisa a boko kamar ni. Kaina ya kumbura har ɗankwali ba ya rufe shi.

Akwai wani saurayi ɗan Ajingi da ke aiki a kantin gyaɗa, kowa Akawu yake ce masa. Ina son sa, yana so na, babana ya amince. Saura mahaifinsa, wani dattijon malami mai karantarwa a zaure, wanda bai ce e ba, bai ce a'a ba. Ya dai ce shi bai san irin matar da boko ke fitarwa ba, a ba shi lokaci. Shi ya sa ranar da za mu tafi Inna ta kama kunnena ta ce, "Garin surukai za ki. Ki kame bakinki, ki kame ƙafarki." Na ce to, alhali hankalina yana kan sabon zanena.

To, a makaranta muna da wata malama Baturiya mai son wasanni. Wata rana ta kawo mujalla ta nuna mana hoton wani mutumin Jafan da ya yi shekaru yana kayar da 'yan ƙasashe a gasar iyo, kuma a rigingine yake yi, fuska sama, baya a ruwa. Ta kwantar da mu a kan ciyawa bayan aji muna ta juya hannuwa kamar buzuzun da ya faɗi ta baya. (Makarantar ba ta da ruwan da ya wuce na rijiya, don haka a kan ciyawar muka sauke karatun.) Ni kuwa da ma na iya iyo tun ina ƙarama a kududdufin bayan gidanmu, irin na kowa, ruf da ciki. Sai na haɗa wannan da wancan na yanke wa kaina hukunci cewa na ƙware.

Washegarin kamu, mu 'yan mata muka ɗebi ƙore da tukwanen biki muka nufi tafkin bayan gari. Tafkin babba ne, kuma kowa ya san ƙa'idarsa: mata suna da nasu gefen, maza suna da nasu, tsakani akwai duhuwar ciyawa da ta fi mutum tsawo. Da aka gama wanke-wanke sai aka faɗa ruwa. Ina zaune a bakin gaɓa ina yatsina, sai Tabawa, babbar ƙawar amarya, ta leƙo da kai ta ce, "'Yar Kano, a makarantar taku ana barin ku ku jiƙa, ko narkewa kuke kamar gishiri?"

Na ce, "Wannan da kuke yi iyo ne? Ai ko kwaɗo ya fi ku tsari. Masu gasar duniya a rigingine suke yi."

"A rigingine? Kamar gawa?"

"Kamar gwanaye."

Tabawa ta nuna wani kututturen giginya a tsakiyar ruwa ta ce wadda ta riga taɓa shi ita ce gwana. Kande, ƙanwar amarya, ta ja ni gefe ta ce, "Yaya, don Allah ki bari, kin san fa garin su wa kike." Na ce ta riƙe mini ɗankwali. Na ɗaure zanena tam a ƙirji na shiga.

Gaskiya abin ya yi daɗi. Ruwa ya ɗauke ni, sama ta yi fes, hannuwana suna juyawa yadda aka koya mana. Abin da Baturiya ba ta faɗa mana ba (ko ta faɗa ina surutu) shi ne mai iyon rigingine ba ya ganin inda za shi. Su can an ce igiyoyi ake shimfiɗa musu a ruwa su bi. Ni ba igiya, ga hannuna na dama ya sha daka ya fi na hagu ƙarfi, sai ya riƙa karkata ni ban sani ba. Kunnuwana kuma suna cikin ruwa. Ina jin ihun 'yan mata sama-sama, na ce a raina, ai dole ku yi guɗa, yau kun ga aiki. Na ƙara wuta. Ashe cewa suke, "Ki juyo, ki juyo."

Ban tsaya ba sai da kaina ya daki wani abu mai tauri. Na ɗaga hannu na kama shi ina cewa, "Na riga ki." Abin ya motsa, ya yi salati, ya zauna daɓas a cikin ruwa. Gwiwar mutum ce. Da na share ruwa daga idona sai ga goɗiya tana kallona, ga maza a gaɓa sun daina abin da suke yi, ga rawani yana yawo a kan ruwa. Mai rawanin kuma mahaifin Akawu ne, wanda ya naɗe wando ya shigo wanke goɗiyarsa. Mutumin da ko a hanya muka haɗu ya kamata in ratse daji.

Miƙewa ba ta yiwuwa, da jiƙaƙƙen zane a gaban maza. Gudu ba ya yiwuwa. Sai jikina ya yi abin da aka saba masa tun ina yarinya: na durƙusa zan gaishe shi. Na samu na ce, "Ina wu..." sauran gaisuwar ta fito a kumfa, don inda na durƙusa rami ne. Na taso ina tari, na sake durƙusawa, na sake nutsewa.

Malam ya kawar da kai ya ce, "Lafiya lau, 'yata. Na amsa. Don girman Allah kada ki ƙara, na amsa." Ya juya wa mazan ya ce kowa ya kalli gabas. Haka dattawan Ajingi suka jeru suna kallon gonar gero, ni kuma na bi ta cikin ciyawa da rarrafe na koma gefen mata. Tabawa tana zaune a kan kututture ta kasa ko magana don dariya.

Sauran bikin a ƙuryar ɗakin gwaggo na yi shi, ina lissafin yadda zan rayu ba Akawu. Da muka koma Gaya Inna ta daina yi mini magana sai da ido. Ana nan kafin a yanke gero sai ga manya daga Ajingi da goro. Daga baya uwar Akawu ta gaya mini abin da Malam ya ce a gida: hankali dai bai ga alamarsa ba tukuna, amma yarinyar da ta gwammace ta nutse da ta gaishe shi a tsaye, a je a nemo masa ita.

Yanzu a gidansa nake, muna zaune lafiya, ko da yake in na kai masa ruwan alwala yakan ɗan janye gwiwarsa. Ni dai na ɗauki darasi: duk abin da aka koya mini a kan ciyawa, a kan ciyawa zan yi gasarsa.