Yadda Za Ka Ci Abinci da Mutuwa Kamar Gurunadham

Idan ka sauka Hyderabad da akwatin ƙarfe da burin zama jarumin fim, ajiye burin, riƙe akwatin. Jarumai sun yi yawa, kuma yawancinsu gadon abin suka yi. Wanda ake nema shi ne uban jarumi, mutumin kirkin da zai mutu kafin hutun rabin lokaci don ɗansa ya samu dalilin dukan jama'a. Bi matakan nan daki-daki. Na yi maka alkawari za ka mutu sau ba adadi, kuma ba za ka kwana da yunwa ba. Hanyar maƙwabcina ce a unguwar Krishna Nagar, Gurunadham, wanda ya fara mutuwa tun gashinsa yana baƙi wuluk.

1. Tsufa da wuri

Kada ka tsaya jiran shekaru, nawa gare su. Gurunadham yana ango aka shafa masa farar hoda a ka, aka ba shi ɗan da ya girme shi. Ɗan ya durƙusa ya taɓa ƙafarsa a gaban kyamara, ana kashe ta ya aike shi kiran mai laima. Ya je ya kira.

2. Zaɓi ciwonka

Tari na talaka ne, ciwon zuciya ya fi kwarjini. Dafe ƙirji da dama, bar hagu don riƙe hannun yaron. Fara faɗin sunan wanda ya cuce ka, sai ka cika kafin ka ƙarasa. In ka ƙarasa, labari ya ƙare, mai kuɗin fim ya shiga uku. Kuma kada ka cika cin wainar idli da safe. An taɓa wuni ana maimaita jana'izar Gurunadham saboda cikin gawa yana ƙugi.

3. Tanadi hoto mai kyau

Bayan ka mutu, sauran aikin na hotonka ne. Za a rataye shi a bango, a saƙala masa sarƙar furanni, jarumi ya riƙa zuwa yana yi masa rantsuwa. Hoton Gurunadham ya fi shi daɗewa a gaban kyamara, kuma bai taɓa neman kofi ba.

4. Zama abin camfi

Masu zuba kuɗi ba su yarda da labari ba, da sa'a suka yarda. Shi ya sa ake fasa kwakwa ranar fara ɗauka, a fasa kabewa ranar gamawa. Wani cikinsu ya lura cewa duk fim ɗin da Gurunadham ya mutu a ciki yana yin kasuwa, magana ta zagaya, shi ke nan ba wanda ya sake barinsa da rai. Aiki ya zauna masa daram. Ya sha ruwan kwakwa har ya gundure shi, amma bai taɓa ganin an fasa kabewa ba, don kafin nan an sallame shi.

5. Kada ka kai matarka kallo

A nan malamin namu ya yi kuskure. Matarsa Kanakamma tana amarya ya kai ta. Ta ga ya faɗi, ta ga an farfasa awarwaron wadda ta fito a matarsa, an goge mata jan ɗigon goshi, alamar miji ya mutu. Ta miƙe ta fice, ta rantse ba za ta sake taka sinima ba sai ranar da aka bar shi da rai har ƙarshe, inda dangi ke jeruwa ana murmushi. Tun daga nan, duk ranar da ya mutu, a bakin ƙofa take tare shi, ta zagaya kansa da gishiri da busasshen barkono, ta watsa a wuta don korar mugun abu. Mu maƙwabta da atishawa muke sanin ya samu aiki.

Sai yanar ido ta fara rufe mata gani, likita ya ce abin gaba yake yi. Mutumin da ya kwanta a kan itacen ƙona gawa ba ko gezau, wannan karon ya tsorata ƙwarai, kada ganinta ya tafi ba ta gan shi a jeren nan ba.

6. In za ka yi roƙo, roƙi mai kuɗin

Shi kuwa Gurunadham darakta ya je ya roƙa, wani yaro mai kunya. Yaron ya ce, “Baba, wannan ai ba abin roƙo ba ne. Kana ciki, a tsakiya ma.” Aka ɗauke shi da ransa a wurin ɗaurin auren ƙarshe, har ya ga fasa kabewa, ya dawo yana ba mu labari kamar wanda ya ga teku. Abin da ba a gaya masa ba shi ne mai kuɗin ya ji, ya garzaya wurin mai duba taurari, aka sake ɗaukar ƙarshen a ɓoye.

Ranar da fim ya fito, Kanakamma ta ɗaura sarin bikinta, ya riƙo hannunta suka tafi kallon rana. Dab da hutu, aka buga wa jarumi waya aka ce mahaifinsa ya cika. Ko kiransa ya zo ya mutu da kansa ba a yi ba. Kunya ta rufe shi, ya ce su tafi gida.

“Zauna, Maigida,” in ji ta. “Ƙarshe na zo gani.”

A ƙarshen dangi suka jeru, shi kuma yana tsakiya kamar yadda aka yi alkawari, a bango. Ta ƙura ido, ta tambaye shi ko wancan farin shi ne. Ya ce shi ne. Ta tambaya ko furannin na gaske ne. Ya ce na roba ne.

7. Bari a rataya maka

A bakin sinima ta ja shi wurin mai sayar da furanni, ta shinshina ta zaɓi sarƙa mafi ƙamshi, ta laluba kansa ta saƙala masa a wuya, yadda ta yi ranar aurensu. Wani direban keke mai ƙafa uku ya leƙo ya ce, “Kai, ba wannan tsohon ne ya mutu ɗazu ba?”

“Naku ne ya mutu,” in ji ta. “Nawa yunwa yake ji. Kai mu Krishna Nagar.”

Da yamma muka yi ta atishawa kamar kullum.

Gargaɗi

Marubucin nan ba shi da hannu a duk abin da ya same ka, ko tari na gaske, ko yara su riƙa gudu in sun gan ka a kasuwa. Mutuwa da abinci kawai na yi maka alkawari. Wadda za ta tsaya maka a bakin ƙofa da gishiri da barkono ba ta cikin matakan, wannan kai za ka nema da kanka.