Yadda Kare Ya Shiga Kwamfutar Darakta

Ba zan taɓa mantawa da wannan abu ba, ko da yake gara in faɗa tun yanzu cewa shekaru sun ja, kuma mai yiwuwa wasu bayanai sun cakuɗe mini. Ina zaton a 2006 ne, amma idan wani ya ce 2007 ba zan yi gardama ba. Abin da na tabbatar shi ne lokacin zafi ne, kuma a Konni ne.

Na gama jami'a a Yamai, aka turo ni bautar ƙasa, wato sabis sibik, a buro, wato ofishin wani furoje, shirin taimakon manoman albasa. Mu biyu ne 'yan sabis, ni da wani Sanusi, kuma tun zuwanmu aka gaya mana mutum ɗaya za a riƙe da kwantiragi idan wa'adinmu ya cika. Sanusi ya iya dariya idan Darakta ya yi barkwanci. Ni kuwa sai na tsaya na tabbatar barkwanci ne, kafin nan an wuce wurin. Don haka na ƙudura cewa da ƙwazo zan samu wannan aiki.

A buron akwai kwamfuta ɗaya tak mai intanet, ta wayar tarho, a ɗakin Darakta, kullum lulluɓe da atamfa. Darakta ya taɓa zuwa wani horo inda aka koya masa hanya guda: ka latsa koren maɓallin nan na ƙasa, sannan ka latsa abu na farko a sama, shuɗin harafin nan. A wurinsa wannan harafin shi ne intanet ɗin kanta, babu wata a bayansa.

Ni kuma a wani siber, shagon shiga intanet, a Yamai na ji ana yabon wata sabuwar manhajar shiga intanet mai hoton dila, wai ta fi tsare na'ura daga birus, cutar kwamfuta. Na kwafo ta a 'yar kile, 'yar abar nan ta kwafar bayanan kwamfuta, na yi ta yawo da ita a aljihu ina shawara da kaina. (Ni mutum ne da ko takalmi zan saya sai na kwana a kan maganar.) Ranar da Darakta ya tafi Malbaza ya bar ni in buga masa wani rahoto, sai na ga dama ta samu. Na ce zan yi wa buro alheri a ɓoye, idan an ga amfaninsa daga baya a tambayi wane ne, in sunkuyar da kai cikin kunya in ce ni ne.

Na sa manhajar. Wani ɗan akwati ya fito yana tambaya ko ina so daga yau ita ce za ta riƙa buɗe intanet. Na karanta, na sake karantawa, na yi bismilla na latsa "wi", wato "eh" da Faransanci. Ban lura ba cewa a take dila ta hau kujerar shuɗin harafin, ta zama ita ce ta farko a sama.

Washegari da safe muka ji muryar Darakta yana kiran sakatariya.

"Madam Hadiza! Wa yas sa kare cikin ordinatar?"

"Kare kuma, Darakta?"

"Taho ki gani. Ga shi nan ya naɗe duniya da wutsiya. An ɗauke mini intanet an aje mini kare!"

Duk muka shiga. Na leƙa ta bayan kafaɗarsa na ce a hankali, "Ranka shi daɗe, kamar dai dila ce."

Ya juyo. "Ka san shi ne?"

"A'a. Cewa na yi kamar."

Na sani, a nan ya kamata in yi bayani, kuma wallahi har na buɗe baki. Sai Darakta ya buga tebur ya ce duk wanda ya yi wannan aiki ba zai ƙara kwana a buron ba. Na mayar da bakina na rufe. Na ce a raina ba komai, da zarar ya fita sallar azahar zan mayar masa da harafinsa. Da azahar ta yi ya lulluɓe kwamfutar, ya kulle ɗakin, ya jefa makulli a aljihun babbar riga. Ya kuma kafa doka: kada wanda ya kuskura ya latsa karen nan, don ba a san abin da zai saki ba.

Za ku ce ai ni ya bari a ɗakin, me ya hana ya zarge ni? Sanusi ma ya taɓo maganar. Darakta ya kaɗa hannu ya ce, "Wanga? Wanga da ko firiji zai buɗe sai ya nemi izini? Ai ɗakin a buɗe yake jiya, kowa na shiga cajin salula." A rayuwata ba a taɓa wanke ni da zagi irin wannan ba, kuma na yi godiya.

Sai aka yi abin da kowane buro ke yi idan ya rasa abin yi: aka kafa kwamitin bincike. Madam Hadiza, Sanusi, da shugaba. Tunda ni ne na fi sanin kwamfuta, ni aka naɗa shugaban.

Mun yi ta zama a ƙarƙashin dogon yaro muna shan shayi da sunan bincike. Sanusi ya ce aikin 'yan damfarar tsallaken iyaka ne. Madam Hadiza ta ce tunda wutarmu daga Najeriya take zuwa, duk abin da ya ga dama zai iya biyo waya. Ni dai, da yake ba na son ƙarya, na yi ta neman jimlar da ba za ta kai ni wuta ba kuma ba za ta sa a kore ni in nufi tasha ba. Daga ƙarshe na samo ta: "Ba za a iya kore yiwuwar cewa abin daga waje ya shigo ba." (Gaskiya ce tsantsa. Daga Yamai ya shigo, a aljihuna.) Darakta ya ji daɗin jimlar ƙwarai. Kafin la'asar har masu gadi sun san cewa kare ya biyo wayar lantarki daga Najeriya.

Haka muka yi makonni ba mu buɗe saƙo ko ɗaya ba. Duk takardar da za ta Tawa sai a kai ta tasha a ba direba. Ina ganin wannan wahala, amma kullum na tashi yin magana sai in ga gobe ta fi dacewa.

Rannan sai ga mota daga babban buronmu na Yamai, da wani injiniya a ciki. Ya ce ya yi ta aiko da saƙon zuwansa ba amsa. Darakta ya tara ma'aikata duka a ɗakinsa, ya ce shugaban kwamiti ya yi wa baƙo bayani. Na miƙe, na gyara wuyan riga, na zuba Faransanci a kan wayar lantarki da yiwuwar da ba za a kore ba. Injiniyan ya saurare ni har ƙarshe, mutum mai ladabi. Sannan ya yaye atamfar, ya kunna na'ura, ya latsa karen. Madam Hadiza ta ja da baya. Saƙonni suka fara zubowa.

"Ikon Allah," in ji injiniyan. "Ai wannan ce aka aiko ni in sa muku, duk burorinmu za a koma kanta. Wa ya riga ni? Wanda ya yi wannan ya san aikinsa. Irinsa muke nema a Yamai."

Har yau ban san yadda aka yi ba. Ni da ban taɓa yanke shawara a rana ɗaya ba, sai kawai na ga hannuna a sama.

Kowa ya juyo ya kalle ni.

"Kai?" in ji Darakta.

"Mai yiwuwa, ranka shi daɗe."

Madam Hadiza ta tafa hannu. "La'ilaha illallahu! Duk shayin da munka sha muna neman mutum, ashe shi ka zuba muna shi!"

Sanusi ya fashe da dariya, kuma wannan karon ban buƙaci in tabbatar ba, na san da wa ake. Injiniyan ya dube ni ya ce, "Ba kai ne yanzu ka ce ta wayar lantarki ta shigo ba?"

"Cewa na yi ba za a iya kore..."

"To, shugaban kwamiti," Darakta ya katse ni, "barka da aiki. Ka kama ɓarawonka."

Injiniyan bai sake ambatar Yamai ba har ya tafi.

Kwantiragin dai Sanusi ya samu, kuma ban ce an zalunce ni ba. Darakta bai kore ni ba, don ba mugu ba ne. Ya tura ni in ƙarasa sabis ɗina a ma'ajiyar irin albasa ta Illela, inda ko wuta babu. Da zan tafi ya dafa kafaɗata ya ce, "Can babu abin da za ka latsa." Daga baya na ji cewa duk baƙon da ya zo sai ya nuna masa karen, ya ce buronsa ne na farko da ya samu irinsa a duk jihar.

Abin da na koya, in dai na koyi wani abu, shi ne mutum ya zaɓi ɗaya: ko ya amsa aikinsa ranar da ake faɗa, ko ya haƙura da shi ranar da ake yabo. Ni na yi shiru ranar faɗa na ɗaga hannu ranar yabo, na tashi da kunya biyu.

Waɗanda suke ɗakin a ranar, in kun ga na yi kuskure a wani wuri, don Allah ku aiko a gyara. Musamman Madam Hadiza, wadda aka ce har yanzu tana ba da labarin cewa hannu biyu na ɗaga. Ni dai ɗaya nake tunawa, amma ba zan iya kore yiwuwar ba.